Egas Moniz, likitan da ya fara ganin hanyoyin jini cikin kai

Idan yaro ya faɗo daga bisa icce, hannunshi ya kumbura, akan kai shi gidan likita a yi mishi radiyo. Wannan radiyo ba akwatin jin labarai ba ne. Hoto ne da ake ɗauka da wani haske wanda ido ba ya gani, ana ce mishi hasken iks. Wani malami Bajamushe mai suna Röntgen ya gano shi cikin shekara ta 1895. Hasken yana ratsa fata da tsoka kamar yadda rana ke ratsa ƙyalle marar kauri. Amma in ya iske ƙashi, sai ƙashin ya tare shi. Shi ya sa ƙashi ke fitowa fari bisa hoto, har likita ya ga inda ya karye.

To, ƙashi ke nan. Jijiyoyin jini fa? Su ba su tare hasken. Taushinsu ɗaya da na naman da ke kewaye da su, don haka hoto ba ya rarrabe su. Kamar a zuba ruwa cikin ruwa ne, sa'an nan a ce a nuna wanda aka zuba. Abin ya fi wuya cikin kai, inda ƙwaƙwalwa ke rufe cikin ƙoƙon ƙashi ta kowane gefe. An yi shekara 32 bayan gano hasken iks kafin a sami hoto mai kyau na jijiyoyin ƙwaƙwalwar mutum mai rai. Wanda ya samo shi wani likita ne na ƙasar Fotugal, sunanshi Egas Moniz.

Yaron Avanca

An haife shi ran 29 ga Nuwamba 1874 a Avanca, wani ƙaramin gari na arewacin Fotugal, ba nisa da teku. Sunanshi na asali António Caetano de Abreu Freire. Baffanshi ne ya ƙara mishi Egas Moniz. Baffan limamin kirista ne mai son tarihin kakanni, ya kuwa ɗauka danginsu sun fito daga tsatson wani babban bafade mai wannan suna, wanda ya reni sarkin Fotugal na farko tun ƙarni na 12. Dogon sunan asali ya ɓace, na aro ya bi yaron har ƙarshen ranshi.

Gidansu gidan manya ne, amma dukiya ta ƙare. Uban ya tafi neman arziki Mozambik, wadda ke hannun Fotugal a zamanin, can kuma ya rasu. Baffan ne ya riƙe yaron, ya koya mishi karatu, ya sa shi lakwal. Daga nan ya shiga jami'ar Coimbra, wadda ta fi kowace tsufa a ƙasar, ya fito likita a 1899. Ya je Faransa, Bordeaux da Paris, ya zauna gaban manyan malamai irin su Babinski da Sicard, ya koyi cututtukan ƙwaƙwalwa da na jijiyoyi.

A nan sai a lura da abu ɗaya. A Hausa kalmar jijiya tana ɗauke da kaya biyu. Akwai jijiyar da ke kai saƙo tsakanin ƙwaƙwalwa da gaɓoɓi, ita ke sa mutum ya ji zafi ko ya motsa yatsa. Akwai kuma jijiyar jini, wadda take da rami a ciki kamar tiyo. Moniz likitan ta farkon ne, amma ta biyun ce ta fito da sunanshi.

Yana ɗan shekara 24 wani irin amosanin gaɓɓai ya kama shi, bai ƙara sakinshi ba. Sannu a hankali yatsunshi suka lanƙwashe. Likita ne wanda ba ya iya riƙe allura ko wuƙar fiɗa yadda ya kamata. Duk aikin da ya yi daga baya, da hannun wasu ya yi shi.

Ba likitanci kaɗai ya sa gaba ba. Ya kusan shekara 20 cikin siyasa. Ya zama ɗan majalisa tun yana saurayi, ya yi jayayya da mulkin sarki, har aka tsare shi na ɗan lokaci a 1908. Sarauta ta faɗi a 1910, aka kafa jamhuriya. A 1911 ya zama malamin cututtukan ƙwaƙwalwa a jami'ar Lizbon, babban birnin ƙasar. Daga baya aka aike shi jakada a Madrid, sa'an nan aka naɗa shi ministan harkokin waje a 1918. Shi ya jagoranci wakilan Fotugal zuwa taron sulhu na Paris bayan yaƙin duniya na farko. A 1919 aka maye gurbinshi da wani. Ya tattara takardunshi, ya koma asibiti.

Abin da ke ɓoye cikin ƙoƙon kai

A asibitin Santa Marta na Lizbon ana kawo mishi masu ciwon kai da ba ya jin magani. Wani yana amai, wani ganinshi na dushewa, wani ɓarin jikinshi ya mutu. Sau da yawa dalilin shi ne ƙari, wato tsiron nama da ke girma cikin kai yana danne ƙwaƙwalwa. Likitan fiɗa yana iya buɗe ƙoƙon kai ya cire shi, amma sai ya san inda yake. In ya buɗe dama alhali ƙarin yana hagu, majinyaci ya sha wuya a banza, wataƙila ma ya mutu.

Wasu sun riga sun nemi dabara. A 1918 wani likita na Amurka, Walter Dandy, ya riƙa hura iska cikin kogunan ruwa da ke tsakiyar ƙwaƙwalwa, don iska tana fitowa baƙa bisa hoto. Dabarar ta yi amfani, amma tana da azaba ƙwarai, tana kuma da haɗari. A 1921 Sicard, malamin Moniz, tare da Forestier, suka yi amfani da wani mai da aka haɗa da iyod don ganin ramin ƙashin baya. Iyod shi ne abin nan da ake sa ma gishiri don tsare mutane daga maƙoƙo. Yana da nauyi, yana tare hasken iks kamar ƙashi. Sai dai mai ba ya gauraya da jini, in ya shiga ƙananan jijiyoyin ƙwaƙwalwa yana iya toshe su.

Tunanin Moniz ya bi wata hanya dabam. A ce akwai hanyar gona da kowa ya sani, miƙaƙƙiya. Wata shekara suri ya tashi a tsakiyarta. Mutane za su riƙa kauce mishi, hanya ta karkace. Wanda ya san hanyar tun da, ko bai ga surin ba, in ya ga inda sawu ya karkata ya san akwai abin da ya tare wurin. Haka ƙari yake yi ma jijiyoyin jini: yana tura su gefe. In an ga jijiyoyin, an ga mazaunin ƙarin. Abin da ya rage shi ne a sami wani ruwa mai tare hasken iks, wanda zai bi jini, ba ya cutarwa, kuma jiki ya fitar da shi bayan an gama.

Ya fara wannan nema a 1926, yana da shekara 51, lokacin da tsaranshi ke tunanin hutu. Wani saurayin likita, Pedro Almeida Lima, ya zama hannunshi.

Sun fara da wani gishirin magani da ake ce ma buromir, wanda likitoci suka saba ba masu farfaɗiya. Suka ba majinyata suka sha, suka ɗauki hoto, ba a ga kome ba. Suka zuba ruwan gishirin cikin ƙananan tiyo na roba, suka sa cikin ƙoƙon kai busasshe, don su ga ko inuwarshi za ta ratso ƙashi. Ta ratso. Suka gwada bisa karnuka. Suka gwada bisa gawa, don su koyi yadda jijiyoyin suke kwance a kan da ba shi da ƙari. Gidan da ake ajiye gawawwaki don koyar da ɗalibai ba shi da na'urar hoto, sai a sa kawunan cikin akwati, a ɗauke su cikin motar Moniz, a ratsa birni da su zuwa asibiti. Da motar ta yi karo a hanya, da bayanin da za a yi ma ƴan sanda ya yi tsawo.

Daga nan sai mutane masu rai. Akwai manyan jijiyoyin jini biyu a wuya, ɗaya dama ɗaya hagu, su ke kai jini cikin kai. Ana ce musu karotid. Kowa ya ɗora yatsa gefen maƙogwaronshi zai ji bugunsu. Cikin ɗayansu za a yi allurar. Wuyar aikin ita ce jini ba ya jira. Kafin a ƙirga uku ya kwashe ruwan ya wuce da shi. Dole mai allura da mai ɗaukar hoto su yi aiki kamar mutum ɗaya.

An gwada mutum biyar, ba a sami hoto ba. Wasu sun sha zafi, wasu sun yi zazzaɓi. A na shida aka tsaga fatar wuya, aka fito da jijiyar fili, aka ɗaure ta na ɗan lokaci don jini ya dakata, aka yi allura. Hoton ya nuna wasu jijiyoyi. Bayan awa 8 mutumin ya mutu, jini ya daskare ya toshe jijiyar.

Wannan mutuwa ta girgiza Moniz. Ya tsai da aikin, ya yi tunanin barinshi baki ɗaya. Mutumin ya zo neman lafiya ne, kuma gwajin ne ya kashe shi, ba cutarshi ba. A zamanin babu dokokin da ake da su yanzu, waɗanda suka tilasta a bayyana ma majinyaci haɗarin gwaji, a nemi yardarshi, a kuma sami izinin wasu likitoci da ba su cikin aikin. Moniz bai ɓoye abin da ya faru ba, ya rubuta shi cikin rahotonshi. Bayan ya yi shawara da abokan aiki, ya bar buromir, ya koma ga wani gishiri na iyod mai narkewa cikin ruwa, kashi 25 cikin 100.

Ran 28 ga Yuni 1927 aka kawo mutum na tara. Saurayi ne ɗan shekara 20, ƙari ya tsiro mishi a ƙasan ƙwaƙwalwa, har ya makance. Almeida Lima ya yi allurar, aka ɗauki hoto. Da aka wanke shi aka ɗaga ga fitila, sai ga jijiyoyi sun fito kamar rassan icce da rani, wasunsu a karkace daidai inda ƙarin ya tura su. 

Moniz bai ɓata lokaci ba. Ya kama hanyar Paris, ran 7 ga Yuli ya nuna hotunan gaban taron likitocin ƙwaƙwalwa, tsofaffin malamanshi Babinski da Sicard suna zaune.

Sunan aikin

Da farko ya ba dabarar wani dogon suna na faransanci. Daga baya sunan da ya zauna shi ne anjiyografi, ana rubuta shi angiographie da faransanci, haka kuma yake bisa littafin da ya fitar a 1934. Kalmar daga harshen Girka take, guda biyu aka haɗa. Anjiyo ya fito daga kalmar da ke nufin mazubi, kamar tulu ko ƙwarya, likitoci suka ara suka ba jijiyar jini. Grafi kuwa zane ne ko rubutu. Anjiyografi ke nan zanen hanyoyin jini. In jijiyoyin da ke fito da jini daga zuciya ake dubawa, akan ce arteriyografi. In masu mai da shi zuciya ne, a ce flebografi.

Ruwan da ake yi ma allura ana ce mishi produit de contraste. Contraste shi ne bambanci tsakanin fari da baƙi, wanda in babu shi ido ba ya rarrabe abu. Wasu suna ce mishi rini, amma ba baba ba ne irin na marina. Ga ido fari ne garau kamar ruwan sha, ga hasken iks kaɗai yake da duhu. Ba magani ba ne kuma, ba ya warkar da kome. Aikinshi ya ara ma jijiya inuwa na ɗan lokaci.

Dabarar ta yaɗu. A 1929 wani likitan Lizbon, Reynaldo dos Santos, ya ɗauki hoton babbar jijiyar da ke bi ta ciki. Moniz da mutanenshi suka riƙa ɗaukar hotuna a jere, suna bin jini tun shigarshi kai har fitarshi. Suka ga jijiyar da ta toshe, da wadda ta kumbura kamar za ta fashe. Akwai wani wuri da karotid ke lanƙwasa sau biyu in ta shiga ƙoƙon kai. Moniz ya raɗa mishi suna sifon, sunan da ɗaliban likita ke koyo har yanzu.

Yau ba a tsaga wuya. Tun 1953 wani likita na ƙasar Suwidin, Seldinger, ya nuna yadda za a zura siririn tiyo ta jijiyar cinya, a tura shi har inda ake so. Tun shekarun 1970 kuma akwai na'urar sikana, wadda ke haɗa hasken iks da kwamfuta. Sau da yawa allura a jijiyar hannu ta isa. In likita ya rubuta avec injection bisa takardar majinyaci, ma'anarshi a yi hoton da wannan ruwa. Kafin a yi, akan tambayi mutum ko yana da ciwon ƙoda, don ƙoda ce ke tace ruwan ya fita cikin fitsari. Akan tambaye shi ko jikinshi ya taɓa ƙin irin wannan allura, mace kuma ko tana da ciki. Lokacin allurar mutum yakan ji ɗumi ya bi jikinshi, ya ji ɗanɗanon ƙarfe a baki, ba da jimawa ba ya wuce.

Kafin a kai nan an yi wani babban kuskure. Gishirin iyod na farko yana da zafi, yakan sa wasu su yi ta karkarwa kamar masu farfaɗiya. A 1931 Moniz ya koma ga wani sabon ruwa mai suna Thorotrast. Ba ya zafi, hotonshi ya fi kyau nesa ba kusa ba, likitoci a ƙasashe da dama suka rungume shi. Amma akwai wani ƙarfe cikinshi, toriyom, mai fitar da wani haske mai lahani, kuma jiki ba ya fitar da shi. Yakan kwanta cikin hanta da saifa da ɓargo har ƙarshen ran mutum. Bayan shekara 20 ko 30 mutane da yawa da aka yi ma allurar suka kamu da ciwon daji na hanta ko na jini. Tun farko akwai likitocin da suka yi kashedi, ba a saurare su da wuri ba. Sai cikin shekarun 1950 aka bar shi.

Lambar Nobel

Fiye da sau ɗaya aka gabatar da sunan Moniz don lambar Nobel saboda anjiyografi, ba a ba shi ba. Wani aiki dabam ne ya kawo mishi ita.

A zamanin gidajen masu taɓin hankali cike suke, ba magani. Moniz ya yi zaton in aka yanke wasu zaruruwa cikin ƙwaƙwalwa, ta wajen goshi, mugayen tunani za su saki majinyaci. Ran 12 ga Nuwamba 1935 Almeida Lima ya yi fiɗar farko bisa umurninshi. A 1936 Moniz ya ba da labarin mutum 20: ya ce 7 sun warke, 7 sun sami sauƙi, 6 ba su sake ba. Sai dai bai daɗe yana bin lafiyarsu ba kafin ya faɗi haka, mutum 20 kuma ba su isa a kafa hujja a kansu ba. Mutumin da ya yi ta gwaji bisa roba da karnuka da gawa kafin ya taɓa wuyan mai rai, a nan ya yi gaggawa.

Wannan fiɗa, wadda aka fi sani da lobotomi, ta bazu, musamman a Amurka, inda aka yi ma dubban mutane. Wasu sun natsu. Amma da yawa natsuwar ta zo da asara: mutum ya zauna shiru, ba ya sha'awar kome, ba ya iya shirya aikin gobe, danginshi su ga kamar ba shi ba. Wasu sun mutu. Duk da haka a 1949 aka ba Moniz lambar Nobel ta likitanci saboda ita, tare da wani malami na Suwis mai suna Hess. Shi ne ɗan Fotugal na farko da ya sami Nobel. Bai je karɓa ba, a Lizbon aka miƙa mishi. Ƴan shekaru bayan haka, daga 1952, aka sami ƙwayoyin maganin taɓin hankali, likitoci suka yi ta barin fiɗar. Daga baya dangin wasu da aka yi ma ita sun nemi a janye lambar, ba a janye ba.

Shekara 10 kafin lambar, a watan Maris 1939, wani majinyacinshi mai taɓin hankali ya shigo ɗakin da yake duba marasa lafiya, ya harbe shi da bindiga sau da yawa. Moniz yana da shekara 64. Ya yi jinya, ya tashi, ya koma aiki. Ya bar koyarwa a 1944, amma ya ci gaba da ganin majinyata da rubutu. Ya rubuta littattafai har bisa abubuwan da ba su shafi likitanci ba, akwai ma rubutunshi kan tarihin karta.

Ya rasu a Lizbon ran 13 ga Disamba 1955, yana da shekara 81. Shi da matarshi Elvira ba su sami haihuwa ba. Gidan iyayenshi na Avanca, wanda ya gyara yake zuwa hutu cikinshi, an mai da shi gidan tarihi a 1968. Ƴan makaranta suna zuwa can su ga littattafanshi, da kayan aikinshi, da hotunan jijiyoyin kai.